Sawun Ɓarawon Fim a Gidan Inna Ousseina

Labarin ya shigo gidan Inna Ousseina ne da safe, a hannun wani lebura da ya zo sayen koko. Ya miƙo kwanonsa da hannu ɗaya, ɗaya hannun riƙe da salula, yana ta washe baki.

"Inna, ashe har da ke a fim? Jiya muka sha kallonki a intanet."

Ludayin ya suɓuce daga hannunta. Fim ɗin da yake faɗi, Ruwan Jarka, ai bai fita ba tukuna. Mutanen gidan ne suka yi abinsu da kansu, su da suka zo Sabha ta ƙasar Libiya da niyyar wucewa arewa hanya ta ƙi: masu kwaɓa siminti, masu wankin mota, masu aikin gona. Zuhura, wata 'yar Kano da ta taɓa aiki da masu shirya fim kafin rayuwa ta jefo ta nan, ita ta tsara shi. Fiye da shekara suna ɗauka ranakun Juma'a, ranar da kowa ke hutu. Wani gidan talabijin a Nijar ya yarda zai saya, da sharaɗin kada kowa ya riga shi nunawa. To yanzu ga shi a wani shafin 'yan kwashe, an lafta masa tallar maganin basir a ƙasa. Kafin azahar gidan talabijin ya bugo ya ce a bar zancen.

Ba a sha wuyar samun mai laifi ba, don mutanen da ransu ya ɓaci ba sa wahalar da kansu da nema. Sau ɗaya tak aka nuna fim ɗin a babban ɗakin gidan, kuma ran nan sai da aka karɓe salular kowa a bakin ƙofa aka zuba a roba. Wa ya rage? Hamidou, ɗan Damagaram mai yanka hoto da haɗawa, wanda fim ɗin ke kwana a kwamfutarsa. Aka ce shi ne ya kunna a ɗakinsa ya ɗauka da waya, don ya ɓad da sawu.

Inna Ousseina ita ke riƙe da gidan, ita ke ciyar da shi, maganarta kuwa yankan wuƙa ce. Ta tsaya a tsakar gida ta kira Hamidou ɓarawo a gaban kowa, ta rantse wanda ya yi wannan aiki ba zai ƙara kwana a gidanta ba. Ta datse ɗakinsa da kwaɗo, ta ƙulle makullin a haɓar zaninta. A Sabha kuwa, baƙon da ba takarda ba gida, motar shurɗa, wato 'yan sanda, ce ke kwasarsa, in ya yi sa'a. In bai yi ba, sai ta waɗanda suka fi shurɗa muni.

*

Zuhura ce kaɗai zuciyarta ba ta kwanta ba. Da la'asar ta nufi rumfar masu facin taya a bakin titin Mahdiya, inda Baba Hambali ke zama.

Kai, Hambali! Wanda bai san shi ba baƙo ne a hanyar sahara. Tun yana saurayi yake bin sawun raƙuman da suka ɓata, da zamani ya juya ya koma bin sawun motoci. Mutane nawa ne suke shan ruwa yau saboda tsohon nan ya duƙa ya dubi yashi ya ce a bi nan? Yanzu gwiwa ta ci amanarsa, sai zama da goro da tsokanar masu wucewa.

Ya saurare ta har ta gama, sannan ya ce, "'Yar nan, ni da ko lambar salulata ban haddace ba, ina ni ina intanet? Can ai iska ce zalla, ba ta riƙe sawu."

"Baba, ba intanet na ce ka bi ba. Mutum na ce ka bi. Yaron nan a bakin masallaci zai kwana."

Hambali ya sha ganin abin da ke samun wanda ayari ya bari a baya, kuma abin bai taɓa daina ci masa rai ba. Ya jawo sandarsa.

A ƙofar gidan suka ci karo da Sadissou, direban babbar mota, mijin 'yar Inna. Ya gaida tsohon da ladabi, yana cikin gaisuwar sai ga muryar Inna daga ciki tana nufo zaure. Nan da nan ya tuɓe takalmi ya raɓe jikin bango, kai a ƙasa, har ta wuce. Hambali ya yi murmushi. Samarin yanzu da ke shan shayi da surukansu a kofi ɗaya, da sun zo sun ga yadda ake yi.

*

Hamidou yana zaune a inuwar masallaci, idanunsa sun kumbura.

"Baba, in rantse ma da mi? Wallahi na fi kowa asara. Kowane yanka a fim ɗin nan da hannuna na yi shi, wuta na ɗaukewa ina sake farawa. Uwa tana saida ɗanta?"

"An sha yi," in ji Hambali. "Ka kalli wanda aka sata?"

"Na fara, na kasa. Hoto na rawa, murya kamar daga cikin rijiya. Zuciyata ba ta iyawa."

"Ranar da kuka nuna, wa ya zauna, wa ya tsaya?"

Hamidou ya ce mata da manya sun zauna a tabarmi. A baya kuwa, wajen ƙofa, su huɗu ne a tsaye: shi kansa kusa da na'ura, da Mu'ammar ɗan Libiya wanda ya ara musu babbar talabijin, da Attahirou, da Sadissou da aka ba robar salula ya tsare.

Hambali ya ciro rabin goro ya ba shi. Ya ce wa mai facin taya ya bar yaron ya kwana a bayan rumfa, kada ya leƙa titi.

*

Washegari ya fara da Mu'ammar, don shi ne bakin mutane ya fi kamawa bayan Hamidou. Shagonsa na unguwar Sukra, aikinsa tura wa mutane fina-finai da waƙoƙi a waya. Suna shiga suka tarar da layin samari, kowa na cewa a sa masa Ruwan Jarka.

Mu'ammar ya ɗaga hannu sama. Hausarsa ta kasuwa ce, amma tana kai saƙo. "Ya Haj, ni ba sata. Ni ɗauka daga intanet, kamar kowa. Mutane zo, mutane tambaya, ni yaya?"

Zuhura ta fusata. "Kai da ka zauna da mu, ka ci tuwonmu? Ka san abin da irin aikinka ya yi mana a Kano? Yayana kyamara biyu gare shi da ma'aikata, yau a-daidaita-sahu yake ja. Mutum ya sayar da filinsa ya yi fim, ya fito da safe, kafin magariba yana wayar kowa kyauta. Kura da shan bugu, gardi da karɓe kuɗi!"

Mu'ammar ya sunkuyar da kai, amma ya ce abu ɗaya da ya tsaya wa Hambali a rai. Da shi ne zai sata, in ji shi, da igiyar waya zai jona a bayan talabijin ɗinsa ya kwafe fim ɗin tas. Ba zai ɗauko wannan abin kunya mai rawa ba, ya san darajar sana'arsa.

A hanya Hambali ya ce, "Mutumin nan yana cin mushe, amma ba shi ya yi kisan ba."

*

Attahirou yana aikin gona a Wadi Bawanis. Suka bi motar masu kai kayan lambu, ta yi ta jijjiga gwiwar tsohon har yana tsine wa direban a hankali. Kowa ya san Attahirou ya yi fushi, don ya yi wata guda yana haddar zancen da zai faɗa, aka zo aka yanke wajen nasa duka. Ranar nunawa an ji shi yana cewa sai sun gani.

Suka same shi a gindin dabino yana gyara bakin tiyo.

"Ƙwarai na faɗa," ya ce. "Na kuma sake faɗa. Amma Baba, dube ni da kyau. In saci fim ɗin da ba na ciki in watsa wa duniya? Don mutanen garinmu su kalla tun daga farko har ƙarshe su ce ina Attahirou da ya cika mu da baki? Ni da ana iya binne fim ɗin nan, da na kawo shebur."

Hambali ya yi dariya har da tari. Ya tambaye shi ko ya miƙa salularsa ran nan.

"Na miƙa ƙaramar. Kai ma ka sani, wa ke yawo da salula ɗaya a garin nan? Ƙaramar ta nuna wa masu shinge ce, babbar tana ɓoye. Tawa babbar tana cikin safa, ban taɓa ta ba."

Zuhura ta dafe kai. Ashe robar da suka dogara da ita ba ta tsare komai ba. Yanzu kowa ma abin zargi ne, an koma gidan jiya.

*

Da suka dawo rumfa Hambali ya ce, "Na yi wauta. Ina ta bin bakin mutane, ban duƙa na dubi sawun ba. Kunna mini abin."

Ta kunna masa a wayarta. Ya kalla, ya sa ta mayar, ya sake kalla. Labarin bai dame shi ba. Abin da yake dubawa shi ne yadda hoton ke motsi, don a wurinsa duk abin da mutum ya ɗauka a jikinsa yana tafiya irin tafiyarsa. Hoton daga sama yake, ta kan kawunan mutane, ke nan mai ɗauka a tsaye yake. Yana hawa da sauka a hankali kamar numfashi, ke nan ba a hannu wayar take ba, a aljihun ƙirji take. Can kuma sai hoton ya faɗi ƙasa gaba ɗaya, ba ka ganin komai sai ƙasa-ƙasan allon da gindin talabijin, jim kaɗan ya ɗago.

Suka zo wani wuri da faɗuwar ta daɗe. Muryar Inna ce kawai ke fita, tana yi wa wata yarinya sallama a bakin mota.

"Nan ne zuciyar fim ɗin, ga shi ya lalata," in ji Zuhura. "Ka san ba abin da na rubuta mata ta faɗa ba? Kyamara na kunnuwa ta ajiye nawa ta kama nata. Ta ce, ban taɓa kiran sunanki ba, ban taɓa rungumarki a gaban mutane ba, kada ki ɗauka ba na sonki. Duk wanda ke wurin sai da ya yi hawaye."

Hambali ya daina taunar goro.

"'Yarta da ke Tanut can Nijar, ita ce ta fari?"

"Hindatou matar Sadissou? Ita ce. Ai Inna ko a waya ba ta magana da ita, sai dai ta ba da saƙo. Shekara da shekaru ba su ga juna ba."

Tsohon ya daɗe yana kallon titi. Ya gano abin da ya fito nema, amma bai ji daɗin da ya saba ji ba. Tausayi ne ya kama shi, na mutum biyu a lokaci ɗaya.

"Je ki ce wa Inna a tara kowa gobe bayan la'asar," ya ce. "A ɗakin da aka nuna."

*

Ɗaki ya cika. Hambali ya sa kowa ya koma inda yake ran nan, mata da manya a tabarmi, mutum huɗun nan a tsaye wajen ƙofa. Inna ta ga Hamidou ta kau da kai, ta ce albarkacin furfura ce ta bari ya tako mata gida.

Aka kunna fim ɗin sata a talabijin ɗin Mu'ammar.

"Ku bar labarin, kun san shi," in ji Hambali. "Hoton za ku duba. Duk inda ya faɗi, ku gaya mini wa ya fito."

Aka zuba ido. Hoto ya faɗi. Wata mata ta ce, "Inna ce ta shigo da tulu." Aka ci gaba, motoci suka wuce, samari suka yi faɗa, 'yan mata suka yi waƙa, hoto na tsaye cak. Ya sake faɗi. "Inna ce kuma." Da aka zo wajen sallama hoto ya daɗe a ƙasa, kowa ya gani.

Attahirou ya ce, "Wataƙila gajiya ce ta kama shi."

"Gajiya ba ta zaɓen fuska," in ji Hambali. Ya juya. "Hajiya, maƙogwarona ya bushe. A taimaka mini da ruwa, daga hannunki nake so."

Inna ta harare shi, amma ta tashi. Hanyar randa ta bakin ƙofa take. Da ta iso wajen mazan, Mu'ammar ya matsa yana kallonta, Attahirou ma haka, Hamidou ya dube ta ido cikin ido da jajayen idanunsa. Sadissou kuwa, tun kafin ta ƙaraso, kafaɗunsa sun rusuna, kansa ya yi ƙasa, aljihun rigarsa na kallon siminti.

Wata tsohuwa ta ce, "Innalillahi."

"Ni ban kira sunan kowa ba," in ji Hambali a hankali. "Abin da na gani a sawun nan, mutum ne mai kunya, wanda ko a talabijin ba ya iya haɗa ido da surukarsa. Na daɗe ban ga tarbiyya irin wannan ba. Amma ɓarna an yi ta, kuma wani ne ke kwana a bayan rumfar taya saboda ita."

Sadissou ya durƙusa ya cire hula. Bai dubi Inna ba, Hambali ya fuskanta.

"Baba, ni ne. Na ji an ce ta yi wata magana a fim ɗin, na san kuma da wa take. Na ce bari mai ɗakina ta ji da kunnenta. Ita kaɗai na tura wa, wallahi ita kaɗai. Ta nuna wa maƙwabciyarta, maƙwabciyar ta roƙa a tura mata, ƙanenta kuma yana da shago irin na Mu'ammar. Da na ga an kama Hamidou na so in yi magana, sai in tuna a gaban wa zan yi ta."

"Kowa mutum ɗaya yake tura wa!" Zuhura ta miƙe, hawaye na zuba. "Duk wanda ya kashe mana sana'a haka yake cewa, mutum ɗaya. Shekararmu guda, Sadissou. Ranar hutun mutanen nan ce ka ɗauka ka bayar."

Bai musa ba.

Inna tana tsaye da moɗa a hannu, ruwan na ɗiga a ƙafarta ba ta sani ba. Da ta yi magana, ita ma Hambali ta fuskanta.

"Malam, gaya masa rantsuwata tana nan. Ba zan kori ɗan wani in bar nawa ba."

"Baba, gaya mata na ji. Yau zan koma tasha, in an yi lodi in bi kudu."

Ta ɗan juya kamar za ta tafi, sai ta tsaya. Muryar nan da ke tsorata gida guda ta koma ƙanƙanuwa.

"Tambaye shi. Waccan ɗin, ta gani?"

Sadissou ya fuskanci Hambali. "Baba, ta ji muryar, ta ji duka. Amma ta bugo tana kuka, ta ce wane irin ɗauka na yi, duk inda Inna ta fito ƙafafunta kawai take gani. Ta ce ta gane su, ta ce sun kumbura."

Inna ta zauna a ƙasa, nan inda take. Ta ja mayafi ta rufe fuska, kafaɗunta na girgiza. Ba wanda ya taɓa ganin kukanta a gidan nan, kowa ya rasa inda zai sa idonsa. Hambali kansa sai ya kama duban sandarsa.

Can ta buɗe fuska ta nemi Hamidou. "Ɗan nan, na ci naman jikinka a gaban jama'a. A gabansu nake roƙonka gafara. Gobe in Allah ya kai mu sai na bi Mahdiya ƙofa ƙofa na faɗi cewa ƙarya na yi maka."

Hamidou ya share ido da bayan hannu, ya dubi Zuhura.

"Anti, wajen sallamar nan yana nan a kwamfuta, garau, fuska da komai. Fim ya riga ya tafi. In kin yarda in yanko wajen in aika Tanut."

Zuhura ta gyaɗa kai.

Ya matso ya tsuguna a gaban tsohuwar.

"Na yafe, Inna. A buɗe mini ɗakina, aiki zan yi."

Ta kama haɓar zaninta tana kwance makullin. Ƙullin ya ƙi, don da fushi ta ɗaure shi, sai da ta sa haƙori.